Yini ɗaya a Chichen Itza da senote: mu bi motar otal ko mu nemi jagoranmu daban?

Baban Khalil:
Assalamu alaikum jama'a. Shawara nake nema wajen waɗanda suka taɓa zuwa Meziko. In Allah ya kai mu hutun makarantar yara na watan Maris za mu tashi daga Houston zuwa Kankun, ni da uwargida da yara biyu da Hajiya surukata. Otal ɗin da muka kama suna da shirin yawon yini ɗaya: a ɗauke mu da sassafe, a kai mu kufan birnin Chichen Itza na mutanen Maya, a ba mu abincin rana, a kai mu iyo a wani ramin ruwa da suke kira senote, a biya da mu garin Valladolid, a dawo da mu da dare. Kuɗin da sauƙi ƙwarai. Damuwata Hajiya tana fama da gwiwa, ƙaramin yaron bai iya ruwa ba, ga kuma batun abinci da sallah. Mu bi su, ko mu ƙara kuɗi mu ɗauki ƙaramar mota da jagoranmu?

Hajiya Larai:
Wa alaikumus salam. Baban Khalil, mu motar otal muka bi kuma mun ji daɗi. Akwai sanyi a motar, akwai banɗaki, ba ruwanka da neman hanya ko cinikin tikiti da yaren da ba ka ji. Mai tafiya da tsohuwa ai wannan ya fi masa kwanciyar hankali. Ku dai riƙe lema da ruwan sha.

Maman Ilham:
Hajiya, Allah ya ƙara miki lafiya, amma ni a nan mun rabu. Araha ba ta ado. Daga Kankun zuwa Chichen Itza wajen kilomita 200 ne, tafiyar awa 2 da rabi in an miƙa kan babbar hanyar da ake biyan kuɗi. To babbar bas ba ta miƙewa. Sai ta zagaya otal-otal tana kwasar mutane, sannan a tsaya da ku a wani katafaren shagon kayan sassaƙa, a ce ƙauyen Maya ne, a yi ta nuna muku duwatsu da sarƙoƙi, a fito da giyar tekila a ce kowa ya ɗanɗana. Shagon nan shi ne ribarsu, don suna da kaso a duk abin da kuka saya, shi ya sa tikitin ya yi araha. Kafin ku isa kufan rana ta take, motoci sun cika fili, jagora ɗaya na jan mutum 40 ko 50 da 'yar tuta a hannu. Na baya ba ya jin komai. Filin da dalar take, wato babban ginin dutse mai matakala da ke tsakiyar kufan, a buɗe yake fetal, inuwa sai can gefe-gefe. Mu ranar da muka je wata dattijuwa daga cikin motarmu zama ta yi a gindin bishiya har aka gama, ba ta ga komai ba sai dalar daga nesa. Ita nake hango wa Hajiyarku.

Ana buɗe ƙofa ƙarfe 8 na safe. Duk wanda ya shiga a sa'a ta farko ya ga wani wuri dabam da wanda mai shiga da azahar ya gani.

Isuhu Damagaram:
Gaskiyar Maman Ilham. Ga wani abu da mutane da yawa ba su sani ba: agogon Kankun yana gaban na Chichen Itza da awa 1, domin jihohi biyu ne. Kankun na cikin Quintana Roo, kufan na cikin Yukatan. In kun bar otal 6:30 agogon Kankun, kun isa ƙarfe 9 a agogonku, a can kuwa 8 ce daidai, ana buɗe ƙofa. Kun yi asuba cikin natsuwa kafin ku fito. A dawowa ne za ku biya bashin awar. Wayar wani ma takan rikice a hanya, don haka in direba ya ce a haɗu ƙarfe kaza, ku tambaye shi agogon wace jiha.

Baban Khalil:
Madalla, Malam Isuhu. Wannan da ban ji ba da an yi rikici.

Dakta Zainab:
Sannunku. Na zauna a Merida, babban birnin Yukatan, lokacin karatu, don haka bari in ɗan tsawaita, a yi mini haƙuri.

Abin da ya fi ba ni ciwo a shirin manyan motocin nan ya wuce zafin rana. Suna raba kufan da ruwan, kamar abubuwa biyu ne da ba su da alaƙa: da safe tarihi, da yamma wanka a ɗauki hoto. Alhali ruwan nan shi ne dalilin da birnin ya zauna a wurin. A arewacin Yukatan babu kogin da ke gudu a bisa ƙasa. Ka yi tafiyar ɗaruruwan kilomita ba ka haye gada ba. Ruwan sama na sauka ya nutse, sai a inda ƙasa ta rufta ta buɗe baki ake iya kaiwa gare shi. Yawancin garuruwan da ka gani a yankin, tsofaffi ko sababbi, in ka bincika akwai senote a kusa. Chichen Itza tana da manya guda biyu. Ɗaya, Xtoloc, ita ce ta sha da aikin gida. Ɗayar kuma, wadda ake kira Senote Mai Tsarki, ta bauta ce, faɗinta wajen mita 60, akwai tsohuwar hanyar dutse mai tsawon kusan mita 300 da ta taso daga filin dala zuwa bakinta. A 2015 ma masu bincike na babbar jami'ar Meziko sun gano cewa ita kanta dalar a kan wani kogon ruwa aka gina ta.

Jagoran babbar mota sau da yawa ba ya kai mutane bakin Senote Mai Tsarki, saboda lokaci. Zai tsayar da ku gaban dalar Kukulkan, ya faɗa muku matakala 91 ce a kowane ɓangare huɗu, in an haɗa da dandamalin sama 365, kwanakin shekara. Ya sa ku tafa hannu ku ji amsa-kuwwa kamar kukan tsuntsu. Ya kai ku filin ƙwallo mai tsawon mita 168, ku ga zoben dutse can sama a jikin bango. Duk gaskiya ne kuma abin mamaki ne. Amma daga nan sai ya ce kuna da minti kaza ku ɗauki hoto. Ginin da ake kira Karakol, mai zagaye, wanda tagoginsa ke fuskantar wuraren da tauraruwar Zuhura ke faɗuwa, yana can ɓangaren kudu, mutane da yawa ba sa ma sanin yana nan.

Shawarata, Yaya Baban Khalil: ku ɗauki ƙaramar mota, ku nemi jagora ɗan yankin, daga Piste, garin da ke daf da kufan, ko Valladolid ko ƙauyukan kusa, mai katin shaidar ma'aikatar yawon buɗe ido rataye a wuya. Ko ba ku zo da shi daga Kankun ba akwai su a bakin ƙofa, ana ciniki. Ku tambaye shi ko yana jin yaren Maya. Bambancin ba kaɗan ba ne.

Garba Mai Shayi:
Dakta, yaren Maya kuma? Ni na ɗauka mutanen nan sun ƙare tun tuni, sun ɓace ba a san inda suka yi ba. Haka muke gani a talabijin.

Dakta Zainab:
Malam Garba, suna nan da ransu. Masu magana da Mayancin Yukatan kaɗai sun haura 700,000, ban da miliyoyin da ke Gwatamala masu wasu harsunan Maya. Matar da za ta gasa muku waina a bakin hanya, direban da zai tuƙa ku, yaron da ke yankar tikiti, akasarinsu Maya ne. Biranen ne aka ƙaurace wa, kowanne a zamaninsa, saboda fari da yaƙe-yaƙe da sauyin hanyoyin fatauci. Chichen Itza ta yi tashenta wajen ƙarni na 9 zuwa na 11, ƙarfinta ya ja baya tun kafin Turawan Sifaniya su zo, amma mutane ba su daina ziyartar rijiyar, wato Senote Mai Tsarki, ba.

Abin da ya sa ake ganin kamar sun ɓace, an ƙone musu tarihi. A 1562 wani limamin kirista ɗan Sifaniya, Diego de Landa, ya tara littattafansu a garin Mani ya cinna musu wuta. Yau guda 4 kacal suka rage a duniya, 3 daga ciki suna Turai: Dresden, Madrid da Paris. Mutanen da ke da rubutunsu, da lissafi mai sifiri, da kalandar da ke bin taurari, aka wayi gari jikokinsu ba sa iya karanta abin da ke jikin bangon kakanninsu. Sai a 1952 wani masani ɗan Rasha, Yuri Knorozov, ya buɗe hanyar karanta rubutun. Kuma ba su zauna sun naɗe hannu ba. A 1847 suka yi gagarumin tawaye, garin Valladolid ɗin nan da za a biya da ku yana cikin inda wutar ta fi ci, ba a kwace hedikwatarsu ba sai 1901. Wanda aka ba shi rabin awa a dandalin garin ya sayi askirim ba zai ji wannan ba.

Malam Habu:
Jama'a ina karanta ku, kuma akwai abin da ba wanda ya taɓo. Wurin nan gidan gumaka ne. An yanka mutane a cikinsa, an jefa yara a rijiya don neman ruwan sama daga wanin Allah. Ya tabbata cewa da Manzon Allah, sallallahu alaihi wa sallam, ya ratsa Hijir, gidajen Samudawa, a hanyar Tabuka, ya hana sahabbai shiga sai suna masu kuka, ya kuma sa aka zubar da ruwan da aka ɗebo daga rijiyoyinsu. To mu kuma za mu kwashi iyali mu biya kuɗi mu je mu yi dariya da hoto, har mu yi wanka a ruwansu? Baban Khalil, ka yi tunani. Ban faɗa don in ɓata maka shiri ba.

Baban Khalil:
Malam, na gode, kuma wallahi abin ya tsaya mini a rai. Ustaz Nura, in kana kusa ka taimaka.

Ustaz Nura:
Bismillah. Hadisin da Malam Habu ya kawo ingantacce ne, ba jayayya. Abin da na fahimta daga malamaina shi ne hukuncin ya shafi wuraren da nassi ya tabbatar azaba ta sauka a cikinsu, kamar Hijir. Birnin Maya ba mu da nassi a kansa. Mutane ne da saƙon Annabi bai iske su ba, lamarinsu na wurin Allah. A ɗaya gefen kuma Alƙur'ani ya maimaita umarnin a yi tafiya a bayan ƙasa a duba yadda ƙarshen waɗanda suka gabata ya kasance. Don haka ni ban ga haramci a zuwan ba, matuƙar niyya ilimi ce da wa'aztuwa, kuma ba a shiga wata bauta ba. Inda nake tare da Malam Habu ɗari bisa ɗari shi ne ladabi. Wurin da aka zubar da jinin yara ba wurin shewa ba ne. Ka tsaya da 'ya'yanka a bakin rijiyar, ka faɗa musu abin da ya faru, ka nuna musu ni'imar tauhidi. Wanda kuma zuciyarsa ba ta natsu ba ya bari, babu laifi a kansa.

Sallah kuwa da sauƙi. Tafiyar ta wuce nisan ƙasaru nesa ba kusa ba, kuna iya haɗa azahar da la'asar. Alƙibla daga can arewa maso gabas ce. Ku riƙe darduma mara nauyi, ku yi a wajen kufan, wurin cin abinci ko wurin senote, akwai famfo da fili.

Malam Habu:
Ustaz, na ji bayaninka kuma ina girmama shi. Ni dai ba zan je ba. Batun ruwan ne har yanzu bai kwanta mini ba.

Dakta Zainab:
Malam Habu, Allah ya saka da alheri, bari in ƙara haske kan ruwan. Ba wanda ke wanka a Senote Mai Tsarki. An kewaye ta, ruwanta kore ne, daga sama kawai ake leƙawa. Abin da kuka faɗa na jefa mutane gaskiya ne. Wani Ba'amurke, Edward Thompson, wanda ya taɓa zama ƙaramin jakadan ƙasarsa a Yukatan, ya sayi gonar da kufan ke ciki, ya yi ta yasar rijiyar daga 1904 zuwa 1910. Ya fito da zinariya, da koren dutse mai daraja, da turare, da ƙasusuwan manya da yara, ya aika da yawancinsu gidan tarihi na Peabody a jami'ar Harvard. A 2024 kuma aka wallafa binciken ƙwayoyin halitta na yara 64 da aka samu a wani ramin ajiya kusa da wurin: dukkansu maza ne, har da tagwaye kashi biyu. Ba abin da za a ɓoye a nan.

Senote ɗin da ake iyo wasu ne dabam, cikin dubbai da ke yankin, kuma ruwan ƙarƙashin ƙasa ɗaya ne da wanda ke fitowa a famfon otal da na masallacin Merida. Abin da nake so Musulmi ya kiyaye shi ne wani abu da 'yan kasuwar yawon suka ƙirƙiro: a ƙofar wasu senote za ka tarar da mutum cikin fararen kaya yana turara hayaƙin wani ƙaro da suke kira kopal, yana addu'o'i, a ce boka ne zai sa muku albarka kafin ku shiga ruwa. A cikin jeri ake bi ta gabansa, in ba ka lura ba sai ka ga hayaƙi a kanka. Ku gaya wa jagora tun a mota cewa ba ku so. Ba wanda zai ji haushi.

Hajiya Larai:
Lallai kam an yi mana wannan, gefe muka ja ni da 'yata.

Injiniya Auwal:
Ni aikina ruwa ne, bari in ce wani abu kan dokokin da za a gindaya muku, don kada ku ɗauka fitina ce. Duk yankin dutsen farar ƙasa ne, irin wanda ake siminti da shi. Ruwan sama yana cin sa a hankali, ya yi ramuka da koguna a ciki, in rufin kogo ya yi siriri sai ya rufta, shi ne senote. Ma'ana ramukan nan a haɗe suke ta ƙasa. A 2018 masu nutso suka gano mahaɗar kogunan Sac Actun da Dos Ojos kusa da garin Tulum, kudu da Kankun, tsawon ya kama kilomita 347. Babu yashi ko laka mai kauri da zai tace ƙazanta kamar yadda ake samu a wasu ƙasashe. Abin da ka zuba a nan, gobe yana rijiyar wani. Shi ya sa ake tilasta watsa ruwa a shawa kafin a shiga, aka kuma hana man kare fata daga rana da maganin sauro da turare. Mutum dubu a yini, kowa da mai a jikinsa, ku lissafa.

Mutanen wurin ba sa wasa da batun. A garin Homun, kusa da Merida, inda iyalai da yawa ke ci daga senote, an kai ƙara da sunan yaran garin kan wata gonar aladu mai ɗaukar 49,000 da aka gina kusa da su, kotu ta dakatar da ita a 2018. Haka aka yi ta ce-ce-ku-ce kan layin dogon Tren Maya, saboda ginshiƙan da aka kafa sun huda rufin koguna tsakanin Kankun da Tulum.

Wani abin sha'awa ga yara masu son kimiyya: in aka duba taswira, senote na yammacin Yukatan sun jeru kamar rabin zobe. Gefen ramin Chicxulub ne, inda masana suka ce wani ƙaton dutse ya faɗo daga sama shekaru miliyan 66 da suka wuce, faɗin ramin wajen kilomita 180.

Maman Ilham:
Injiniya, Allah ya ƙara basira. Baban Khalil, ka gaya wa Maman Khalil batun mai ya shafe mu mata sosai. Kada ta shafa komai da safe in za ta shiga. Hula mai faɗi da riga mai dogon hannu sun wadatar a kufan. Kayan iyo masu rufe jiki duka ba wanda ya hana ni, ba wanda ma ya kalle ni. Ta ɗauki mara nauyi dai, atamfa ko abaya in ta sha ruwa ja take ƙasa. Akwai ɗakin canza kaya na mata da loka ta haya.

Baban Khalil:
To wace senote ke nan? Ta cikin tallan otal sunanta Ik Kil.

Isuhu Damagaram:
Ik Kil kyakkyawa ce, ba ƙarya, saiwoyi na zubowa daga sama har ruwa. Kusa take da kufan, shi ya sa kowace mota can take zubewa. Amma ka sani daga bakin ƙasa zuwa ruwan wajen mita 26 ne, ta matakala mai santsi, zurfin ruwan kuma ya kai mita 40. Babu gefen da ƙafa ke taɓa ƙasa. Hajiya ba za ta sauka ba, sai dai ta leƙa daga sama, akwai wurin tsayawa. Yaron da bai iya ruwa ba, ko da rigar kariya, hannunka a jikinsa ko da yaushe. Ruwan da sanyi, wajen digiri 25, wanda ya fito daga rana yakan firgita a shigar farko, nan ne yara ke shaƙar ruwa. Kada ka bari ya yi tsalle don ya ga wasu na yi.

Dakta Zainab:
Ni da za a bi tawa, Yokdzonot za ku je. Ƙauye ne a yamma da Piste, tafiyar kamar minti 20 daga kufan. Ƙungiyar mutanen ƙauyen ce ke riƙe da senote ɗin, akasarinsu mata, su suka share ta da hannunsu suka gyara. Kuɗin shigarku a ƙauyen yake zama. Ba cunkoso kamar Ik Kil, akwai inuwa da kujeru a sama inda Hajiya za ta zauna tana hango jikokinta, rigar kariya dole ce ga kowa, kuma matan suna dafa abinci a wurin, kana iya magana da mai girkin ido da ido. Ita ma da zurfi, don haka gargaɗin Malam Isuhu yana nan. Babbar mota ba kasafai take zuwa can ba.

Hajiya Larai:
Dakta, ke dai kin tsani manyan motocin nan. Ba kowa ke da kuɗin mota ta kansa ba fa. Kuma ni abin da ya dame ni a wurin ba motar ba ce, masu talla ne. Tun daga ƙofa har ciki, kowace hanya rumfuna, wannan na busa abin da ke kukan damisa, wannan na kiran dalar Amurka ɗaya, dalar Amurka ɗaya. Wuri mai daraja haka, UNESCO ta sa shi a jerinta tun 1988, a bar shi kamar kasuwar Kurmi ranar jajibiri.

Dakta Zainab:
Hajiyata, ban musa miki ba, hayaniyar tana da yawa, ni ma takan gajiyar da ni. Amma ki dubi ta ɗaya gefen. Masu tallan nan mutanen Piste ne da ƙauyukan kewaye, jikokin waɗanda suka ɗora duwatsun. Filin da kufan ke kai mallakar wani gidan attajirai ne har 2010, lokacin da gwamnatin jihar ta saye shi. Miliyoyin baƙi na zuwa duk shekara, musamman tun da aka sa wurin cikin sabbin abubuwan al'ajabi bakwai a 2007, amma kuɗin otal da na mota a Kankun yake tsayawa, na tikiti ya tafi gwamnati. Rumfar nan ita ce rabon ɗan ƙauye. Na fi son in sayi rigar da mace ta yi wa ɗinkin hannu a wurinta da in saya a shagon da bas ta ajiye ni.

Batun kuɗi kuma kina da gaskiya, ga mutum ɗaya ko biyu babbar mota ta fi sauƙi. Amma su biyar ne. In aka tara kuɗin mutum biyar, da ƙarin da ake ɓoyewa, tazarar ba ta kai yadda ake zato ba. Wanda kuma aljihunsa bai kai ba, akwai bas-bas na kamfanin sufuri na ADO daga Kankun zuwa Valladolid, ya kwana can, da safe ya hau ƙaramar motar haya, kilomita 45 ne zuwa kufan.

Maman Ilham:
Ƙarin da ake ɓoyewa, a ja layi a nan. Kuɗin shiga kashi biyu ne, na hukumar tarihi ta tarayya, INAH, da na jihar Yukatan, kuma na jihar ya fi yawa. Wasu masu tallan ba sa sa shi a farashin, sai kuna cikin mota a ce kowa ya kawo. Haka kuɗin rigar kariya da loka. Ka sa su rubuta maka abin da ke ciki da abin da ba ya ciki. Ku guji Lahadi kuma, ranar 'yan ƙasa ke shiga kyauta.

Garba Mai Shayi:
Abinci fa? Ba wanda ya amsa masa.

Dakta Zainab:
Af, gaskiya. Yukatan ƙasar alade ce. Abincin da suke alfahari da shi, cochinita pibil, alade ne. Poc chuc ma alade ne. Wanda ya fi wuyar ganewa shi ne kitsen alade, suna ce masa manteca, ana sa shi a wake da tamale (ƙullin masara da ake turarawa a ganye kamar alala), wani lokaci har a soya da shi. Ku haddace kalmomi biyu: sin puerco (ban da alade), sin manteca (ban da kitse). A teburin ɗiba-da-kanka na manyan motoci cokali ɗaya kan yi yawo tsakanin tukwane, ni ba na ci. Abin da na fi natsuwa da shi: papadzules, wainar masara ce da dafaffen ƙwai da miyar 'ya'yan kabewa, kifi gasasshe irin tikin xic, wainar masara zalla da avokado, 'ya'yan itace. Kaza da talotalo suna da yawa, amma ba yankan Musulmi ba ne, kowa da fatawar da yake bi. Akwai wani abin sha mai zuma da ake kira xtabentun, ana miƙa shi kamar kyauta, giya ce.

Sadiya K.:
Anti Zainab, tambaya. Na ji a watan Maris ne inuwar maciji ke sauka a jikin dalar. Tun da lokacin za su je, ba gara su tsaya su gani ba? Kuma ana hawa dalar?

Dakta Zainab:
Ƙanwata, ba a hawa, an hana shekaru da dama, wanda ya tsallake igiya za a ci shi tara. Inuwar kuwa gaskiya ce: wajen 20 da 21 ga Maris, da kuma Satumba, in rana ta yi yamma, haske kan faɗo a gefen matakalar arewa kashi-kashi ya haɗu da kan macijin dutse da ke ƙasa. Ana ganinta kwanaki kafin ranar da bayanta, in babu girgije. Sai dai da yamma ce, kuma ranakun nan mutane dubbai ke cika filin. Da tsohuwa da ƙananan yara ba zan ba da shawara ba. Wanda ke son hawa ya je wani kufan Maya, Ek Balam, arewa da Valladolid kamar kilomita 30. Lokacin da na je ana hawa babban ginin, kana ganin daji har iyakar ido, ga zanen farar ƙasa a ƙofar kabarin sarkinsu Ukit Kan Lek Tok da ya tsira kusan yadda aka yi shi. Amma kada a haɗa shi da Chichen Itza a yini ɗaya, sai a koma gidan jiya.

Isuhu Damagaram:
Ina da tambaya a madadin ƙanina da ke Yamai: shi da bizar Amurka a fasfonsa, sai ya nemi ta Meziko?

Maman Ilham:
Mai bizar Amurka da ba ta ƙare ba, irin ta shiga sau da yawa, Meziko na barinsa ya shiga yawon buɗe ido ba tare da tata ba. Haka mai katin zama na dindindin. Amma ya tabbatar a ofishin jakadancinsu kafin ya yanki tikiti, kuma ya riƙe shaidar otal da tikitin komawa, suna tambaya sosai a filin jirgi.

Baban Khalil:
Jama'a Allah ya saka wa kowa da alheri. Mun zauna da uwargida da Hajiya mun karanta tare. Ƙaramar mota za mu ɗauka, mu fito 6:30 agogon Kankun, mu ɗauki jagora a ƙofa, mu je har bakin Senote Mai Tsarki yadda Ustaz ya ce, mu fita kafin rana ta take, sai Yokdzonot. Valladolid in da sauran ƙarfi. Malam Habu, maganarka na riƙe ta, zan kuma gaya wa yaran hadisin a wurin. Saura abu ɗaya: Hajiya na tambaya ko hanyar cikin kufan za ta yi wa keken guragu, don muna tunanin ɗaukar mata na naɗewa.

Maman Ilham:
Ku ɗauka. Daga ƙofa zuwa filin dala da filin ƙwallo shimfiɗe yake, ƙasa ce da ciyawa, keke na tafiya in akwai mai turawa. Hanyar Senote Mai Tsarki ce mai duwatsu da gargada, nan sai a hankali, ko ta jira ku a inuwar farkon hanyar, akwai rumfuna da wurin zama. Ku canzo peso, kuɗin Meziko, ƙanana tun daga Kankun, don jagora da matan ƙauyen tsabar kuɗi suke karɓa, na'urar katin kuma ba kullum take samun sabis ba.